Malama Wataƙila da Rijiyar Yayanta

A ofishin kula da ruwa da muhalli ba wanda ya damu da sunanta na ainihi. Malama Wataƙila ake ce mata, tun daga mai gadi har Darakta, ita ma tana amsawa ba tare da ta ɗago kai daga tebur ba. Duk wanda ya zo tambayar ko za a samu ruwa a ƙarƙashin filinsa, ko kuwa ruwan da ya samu zai shawu, kalmar da zai fara ji ke nan. Sai dai tata wataƙilar ba irin ta mai gudun magana ba ce. Tata tana da awo. Takan ce wa mutum, "Wannan wataƙila ce mai ƙarfi, je ka haƙa." Wani kuma ta ce masa, "Wannan ko bokiti kada ka rataya mata." Waɗanda suka daɗe da ita sun san bambancin, kuma ba a cika jin wanda ya bi maganarta ya dawo yana cizon yatsa ba.

Gajera ce, mai jiki, mai tafiya a hankali saboda gwiwa. Ɗakinta yana ƙarshen baranda: tebur ɗaya, fanka mai kuka, kwalaben roba a jere kan taga, da taswirori a naɗe cikin kwando. Mijinta, malamin makaranta ne da ya ajiye alli, yakan ce ko ranar da ya nemi aurenta wataƙila ta ce masa, shi ne dai ya yi ƙarfin hali.

A gidansu kuwa Auta ce. 'Yar mai gidan burodi ce, a wata unguwa mai lunguna bayan kasuwa, inda mutum biyu ba sa wucewa sai ɗaya ya karkata kafaɗa. Mahaifinsu ne ya gina tanderun bulo da hannunsa, shi ne kuma ya haƙa rijiyar da ke tsakar gidan, wadda da ruwanta ake kwaɓa fulawa. Tun tana ƙarama ita ke ɗaukar tire ta kai burodi gidaje, kuma tana da wata ɗabi'a da ta sa uwarta ta sha jan kunnenta: duk gidan da ta shiga sai ta roƙi ruwan sha, ko ba ta jin ƙishirwa. Ta haka ta gane cewa ruwan maƙwabta na jikin bango ɗanɗanonsa ɗaya da nasu. Na tsakiyar layi, da ɗan kama. Da an wuce injin niƙa kuwa ruwan ya zama baƙo, wani gishiri-gishiri, wani kamar an jiƙa ƙusa a ciki. Da ta faɗa wa mahaifinta sai ya yi dariya, ya ce ashe rijiyoyi ma suna da dangi.

Hayaƙin tanderu ne ya ci ƙirjin tsohon. Babban ɗansa, wanda take ce wa Yaya, ya bar makaranta ya karɓi gashi. Akwai masu cewa ya fi ta kai a lissafi. Shi dai bai taɓa faɗa ba. Burodinsa ne ya kai ta babbar makaranta, inda ta karanci ilimin ƙasa da duwatsu.

A can ne ta haɗu da darasin da ya zame mata sana'a, wato lissafin hasashen abin da ke cikin ƙasa. Littafin darasin kwafi ɗaya ne tak a ɗakin karatu, ɗalibai suna wawasonsa kamar nama. Ta zo hutu tana mita. Yaya yana yanka kwaɓi, sai ya sa ta rubuta masa sunan littafin a jikin yagaggen buhun fulawa. Bayan ta koma, wata rana ya bayyana a ƙofar ɗakin kwanansu da ƙunshi cikin takardar burodi. Ya bi rumfunan masu tsofaffin littattafai ɗaya bayan ɗaya yana nuna musu buhun.

"Ga bulonki," ya ce. "In kin gama karantawa ki dawo min da shi, akwai inda tanderu ya tsage."

Littafin da yaren waje aka rubuta shi, cike da lissafi da zane-zane, amma abin da yake faɗa ba shi da nisa da abin da bakinta ya gano tun tana ɗaukar tire. Ba wanda zai iya tone ƙasa duka ya ga cikinta. Iyaka ka ɗebi samfur nan, ka ɗiba can, sannan ka yi hasashen abin da ke tsakani. Wuraren da ke kusa da juna sun fi kama, kamar 'yan ciki ɗaya. Kana nisa kamar tana raguwa, har ka kai inda wannan bai san wancan ba. Littafin ya koya mata auna iyakar wannan zumunci, da yadda za ta zana taswira da shi. Amma babin da tsohon malaminsu ya fi nacewa a kai shi ne na kusa da ƙarshe, wanda ɗalibai ke tsallakewa don ba ya cika fitowa a jarrabawa. Babin ya ce taswira ɗaya ba ta isa ba. Ta farko tana nuna abin da kake zato. Ta biyu tana nuna yadda za a yarda da zaton naka: inda aka ɗebi samfur da yawa ta yi haske, inda ba a taka ba ta yi duhu.

Tun daga ranar da ta kama aiki, ba ta taɓa barin ta farko ta fita daga ɗakinta ba sai da ta biyu maƙale a bayanta. Daraktoci sun zo sun tafi, wasu sun so abin, wasu sun ce ɓarnar takarda ce. Daga baya sababbin littattafai suka fito, masu hotuna masu launi, masu koya wa mutum abin da zai danna a kwamfuta. Ta saya ta karanta su duka, ta kuma yaba musu, don ba ta da ƙyashin sabon abu. Sai dai ta lura babin nan yana ƙara sirancewa daga bugu zuwa bugu.

Saura kaɗan ta ajiye aiki, yara suka fara rashin lafiya a unguwannin da ke kewaye da wani tsohon fili, inda aka daɗe ana fasa batiran mota ana narka dalmar ciki. Asibiti ya ce gubar dalma ce, gwajin ruwa ya nuna daga inda take. Ofis ya sa aka rufe duk rijiyoyin wannan ɓangare na gari da murfin ƙarfe da kwaɗo, tanka ta riƙa kawo ruwan sha. Rijiyar gidan burodi tana cikinsu.

Ruwan tanka ya ishi sha da girki. Bai ishi kwaɓa buhunan fulawa ba, balle wanke kwanukan gashi. Yaya ya gwada masu turo ruwa daga nesa, amma kafin su ratso lungunan rana ta take, masu shaguna sun karɓi burodin wani. Ya rage kwaɓi, ya sake ragewa, har ya koma hura tanderu jefi-jefi. Tsohon tanderun bulo kuwa ba ya son sanyi. In ya daɗe a kwance, ranar da aka sake hura shi sai ya dare.

Ofis ya tura matasan ma'aikata ɗebo samfur. Malama ta so ta bi su, gwiwa ta hana. Da sakamako ya fito suka zuba a kwamfuta, ta fitar musu da taswira mai kyan gani: ja a kewayen filin batir, ruwan ɗorawa a gefe, sauran duk kore shar. Unguwar bayan kasuwa tana tsakiyar koren. Darakta ya shigo ɗakinta da kansa yana murmushi, abin da ba ya yi.

"Malama, albishirinki. Gobe za mu buɗe duk inda ya yi kore. Sa hannunki kawai nake jira."

Ta sa tabarau ta dubi taswirar. Zuciyarta ta yi sanyi da ganin koren, ba za ta ɓoye wa kanta wannan ba. Sannan ta ce, "Ranka ya daɗe, ina ɗigogin?"

"Waɗanne ɗigogi?"

"Inda aka ɗebi ruwan."

Aka fitar mata da su. Ɗigogin sun jeru ne a kan titin kwalta kamar duwatsun wuya a zare, suka zagaya da shi, suka dawo. A cikin lungunan bayan kasuwa babu ko ɗaya. Ta sa aka kira direban ofis, wani dogon mutum mai tsinken sakace a baki kullum.

"Direba, me ya hana ku shiga bayan kasuwa?"

"Haba Malama! Motar gwamnati ce fa, ba akuya ba. Ta ina za ta bi?"

"Ƙafafunku fa? Su ma na gwamnati ne?"

"Akwatin ƙanƙarar nan, in an cika shi da kwalabe, ƙato biyu ba sa ɗaga shi. Yaran suka ce ai kwamfuta za ta cike sauran."

"Ta kuwa cike," in ji ta.

Ta zauna ta fitar da taswira ta biyu. Titin ya fito fari tas. Bayan kasuwa kuwa baƙi ƙirin, kamar an kifar da kwalbar tawada. Ta ajiye su biyun a gaban Darakta ta yi masa bayani a hankali. Kwamfuta ba ta yi ƙarya ba, ta ce. An tambaye ta abin da ba ta sani ba ne, ita kuma ba ta iya yin shiru, sai ta ari lafiyar rijiyoyin bakin titi ta shafa wa na lungu. Rijiyar da aka gwada mafi kusa da unguwar ta yi nisan da ba sauran dangantaka tsakaninsu.

"To kina cewa akwai guba a can?"

"Ban ce ba."

"Kina cewa babu?"

"Shi ma ban ce ba. Cewa na yi ba wanda ya je."

Darakta ya shafa kai. Mutumin kirki ne, amma wayarsa ba ta huta ba tun da aka rufe rijiyoyin. Ya sassauta murya. "Malama, gidan yayanki fa yana ciki."

"Shi ya sa, ranka ya daɗe."

Ya buɗe na bakin titi, ya bar na lungu a kulle. Ya ce in tana son samfur ta san yadda za ta yi, mota dai ba ta shiga.

Abin da ba ta sani ba shi ne Direba a gidan Yaya yake sayen burodi, kuma tun ranar da koren ya fito ya kai albishir. Yaya ya sayo itace, ya aika wa masu kwaɓinsa biyu da ya sallama su dawo. Washegari Direban ya sake komawa da labari na biyu, har da sunan wadda ta hana.

Da yamma ta sauka a bakin kasuwa ta shiga lungun tana dafa bango. Gidan burodin shiru, babu ƙamshi. Kwanukan gashi a kife sun yi tsibi, katakon kwaɓi a bushe, kyanwa tana kwance a bakin tanderu, inda da ba ta isa ta kusanta ba. Matar Yaya ce ta tarbe ta, tana magana ƙasa-ƙasa.

"Auta, kin zo a daidai. Tun azahar yake neman guduma. Na ɓoye ta cikin buhu, ya gano."

Yaya ya fito daga ɗakin ajiya da gudumar a hannu. Ya tsufa, gashin hannunsa duk wuta ta cinye tun da daɗewa, amma kafaɗun suna nan. Ta gaishe shi, bai amsa ba. Ya nufi rijiyar. Duk da gwiwar ta riga shi, ta zauna daɓas a kan murfin ƙarfen, ta ɗora jaka a cinya.

"Tashi."

"Ina wuni, Yaya."

"Na ce ki tashi! Takardarku ta ce kore. Direbanku ya gani da idonsa."

"Direba ya ga fenti."

"Ruwan nan kika sha kika girma. Ni na sha, ubanmu ya sha. Wa ya mutu?"

"Lokacin ba a fara fasa batir ba."

"Wato ni na yi yawon rumfuna da buhu a hannu kamar mahaukaci, na sayo miki abin da za ki rufe min rijiya da shi!"

Wannan maganar ta shige ta. Ta kalli igiyar guga da ke rataye a ƙusa, ta bushe ta sandare. Sannan ta ce, "Yaya, burodinka gida nawa yake shiga? Yara nawa ke tafiya makaranta da shi a jaka? In ka ce min ka tabbata, in tashi."

"Ke kin tabbata?"

"Ban tabbata ba. Shi ya sa nake zaune."

Matar Yaya ta matso ta zare gudumar daga hannunsa kamar tana karɓar cokali daga hannun jariri. "Malam, in ka fasa kwaɗon da ita a kai, kai za ka yi jinyar gwiwar. Ni na gaji."

Ya zauna a kan buhu yana huci. Can ya ce, "To ɗebi tawa ki gwada. Ga ta nan ƙarƙashinki."

"Zan ɗiba. Amma taka kaɗai ba ta isa ba."

"Ni ina ruwana da ta wasu?"

"Ruwanka ne kuwa, a ƙasa duk a haɗe suke. In taka ta fito lafiya yau, alhali ta bayan bangonka ta lalace, kana jan ruwa gubar tana matsowa. Sai na san inda abin ya bi da inda ya tsaya."

Ta gaya masa matsalar akwatin ƙanƙara. Ya dube ta, ya dubi keken turawa da yake kai burodi kasuwa da shi, wanda aka ƙera daidai faɗin lungunan. Da safe ta tarar ya wanke keken ya sa wa ƙafafun mai.

Haka suka yi ta zagaya unguwar, ita a gaba da makullan ofis da sanda, shi a baya yana turo akwati yana mita. Yadda take zaɓen rijiyoyin ne ya fi ba shi haushi. Sai ta ɗiba a gida biyu masu bango ɗaya, sannan ta tsallake layi guda ba ta ko leƙa ba, ta je can ƙarshe ta ɗiba.

"Wannan wane irin aiki ne, kamar kaza na tsince-tsince? Ki bi su a jere mana."

"Kwalabena ba su kai yawan rijiyoyin ba. Na kusa da juna za su gaya min yadda maƙwabta ke kama. Na nesa za su gaya min inda kamar ta ƙare."

"Ni dai ƙafata ta gaya min inda ta ƙare."

A kowane gida sai ta zubar da gugan farko, ta ɗauraye kwalba, ta cika ta har baki, ta rubuta lamba, ta tsaya ta ɗiga wurin a taswira kafin ta amsa gaisuwar kowa. Tsofaffin matan unguwar suna tsokanarta, wai har yanzu Auta ba ta daina roƙon ruwa a gidajen mutane ba. A layin gangare, wanda ya yi ƙasa da sauran, ta tsaya ta daɗe tana kallon yadda gidajen suka karkace a jere. Ta tuna a nan wata tsohuwar kwata take, wadda ke kwaso ruwan sama daga wajen filin batir, aka cike ta da shara da ɓaraguzai aka yi gini a kai tun tana makaranta. Ta ƙara kwalabe a wannan layin fiye da ko'ina. Yaya ya lura, bai tambaya ba. Layin bai da nisa sosai da bayan gidan burodi.

Ɗakin gwaji ba ya sauri don wani. Makonni suka shuɗe. Ɗaya daga cikin masu kwaɓin Yaya ya koma wani gidan burodi, ɗayan ya fara dako a kasuwa. Yaya yakan hura 'yar wuta a tanderu da itacen da ya saya, ba don gashi ba, don dai bulon kada ya manta da zafi. In ta kira waya matarsa ce ke ɗauka, ta ce yana nan lafiya, yana dai fushi da kujeru.

Malama ba ta fasa cin abincinta ba, ba ta kuma fasa barci ba. Mijinta ya tambaye ta in rijiyar ta fito da guba fa, me za ta ce wa yayanta. Ta ce za ta faɗa masa. Ya ce in kuma ta fito lafiya, ta sa mutum ya yi asarar banza fa? Ta ce shi ma za ta faɗa masa. Abin da ba za ta iya ba shi ne ta tsaya gaban uwar wani yaro ta ce mata kwamfuta ce ta ce.

Ranar da sakamakon ya iso ta rufe ƙofarta, ta shigar da lambobin da kanta, ɗaya bayan ɗaya, da yatsa ɗaya kamar yadda ta saba. Ba ta nemi lambar gidan burodi da farko ba. Ta bar taswirar ta fito duka. Jan ya fito daga filin batir kamar harshe, ya ratsa ƙarƙashin titi, ya bi layin gangare tiryan-tiryan, a tsakiyar inda da aka shafe da kore. Ya wuce ta bayan gidan burodi da tazara, ya sirance, ya ƙare. Rijiyar Yaya da duk na layukan tudu sun fito lafiya. Ta fitar da ta biyu. Duhun ya washe, saura ɗan toka-toka a gefe. Ta maƙala su tare ta kai wa Darakta. Ya daɗe yana kallon jan harshen nan, yana ƙirga gidajen da ke kansa da bakin biro. Ya sa hannu a toshe rijiyoyin gangare da siminti, a kai yaran layin asibiti a duba su, a buɗe na tudu.

Ita ta kai makullin gidan burodi da kanta. Yaya yana tsaye hannu a ƙugu, ta durƙusa da ƙyar ta buɗe kwaɗon. Ya ɗaga murfin, ya jiƙa igiya, ya jefa guga. Ya zubar da na farko kamar yadda ya ga tana yi, ya kafa kai a na biyu ya sha har ruwa na bin gemunsa.

"Lafiyarta ƙalau," ya ce. "Dama na faɗa miki. Kin kashe min kasuwa, kin kore min ma'aikata, kin sa ni turin keke kamar ɗan dako, a kan ruwan da ba abin da ya same shi."

"Haka ne, Yaya."

"Ba za ki ba ni haƙuri ba?"

"Sannu da haƙuri dai."

"Ji ta!" Ya juya wajen matarsa. "Kin ji ta ko?"

"Na ji ta. Kai ma ka ji inda abin ya bi."

Yaya ya ajiye gugan. Layin gangare mutanensa ne. Akwai tela da suka yi makaranta tare, akwai tsohuwar da ke karɓar gutsattsarin burodi tana ba jikokinta.

Malama ta ce saura magana ɗaya. Ta san ya daɗe yana son sa wa rijiyar injin ja. Kada ya sa. Inji yana zuƙa da ƙarfi, zai iya janyo abin da ke gangare ya kawo shi tudu. Guga dai, da hannu, kuma za ta turo a sake gwadawa bayan ruwan sama ya sauka, ko tana ofis ko ba ta nan.

"Wato har na mutu ina jan igiya."

"Kafaɗunka ai ba su gaji ba."

Bai hura tanderun gaba ɗaya ba. Ya bi shi a hankali, wuta kaɗan yau, ƙari gobe, yana zagayawa yana kara kunne a jikin bulon. Ya tsage a wuri ɗaya ta baya, ya cike da laka. Mai kwaɓin da ya koma dako ya dawo, ɗayan bai dawo ba.

Ranar gashin farko ta biyo ta wurin kafin ta wuce ofis. Tun daga bakin lungu ƙamshin ya tare ta. A ƙofar baya ta gidan, wadda aka daɗe ba a buɗewa, ta tarar da matan layin gangare tsaye da bokitai da jarkoki. Tanka ba ta zo ba, kuma ba su da rijiya yanzu. Ba wadda ta yi sallama, suna dai tsaye suna jin kunya. Yaya ya leƙo ta taga, fulawa har gira, ya gan su, ya ga ƙanwarsa.

"Kin ga abin da kika jawo min ko? Da ni kaɗai nake jan ruwana."

Ta ce, "Rijiyarka ce. In ka ga dama ka rufe."

Ya yi tsaki ya ɓace daga tagar. Aka ji yana fama da sakatar da ta yi tsatsa, yana dukanta da gindin ludayin awo, har ta saki. Ya wangale ƙofar.

"Ku shigo, amma a bi layi, kuma kada wadda ta taɓa min katakon kwaɓi. Inna, ke kawo bokitinki nan, ba za ki iya da igiyar nan ba."